Amurka: Yadda ƙungiyar koyon harbi ta zama dodon 'yan siyasa

A ranar 17 ga watan Afrilun 2013, Majalisar Dattawan Amurka ta kaɗa ƙuri'a a kan wani ƙuduri da ke neman a riƙa binciken tarihin duk wanda zai sayi bindiga a wuraren baje kolin makamai ko ta intanet.

Watanni huɗu ke nan kacal da wani matashi ya kutsa makarantar firamare ta Sandy Hook da ke jihar Connecticut, ya harbe yara 20 'yan shekara shida zuwa bakwai, da manya shida da ke aiki a makarantar.

Ƙuri'un jin ra'ayin jama'a na wancan lokaci sun nuna cewa kusan tara daga cikin kowane Amurkawa goma na goyon bayan irin wannan bincike. Sanatoci biyun da suka gabatar da ƙudurin, Joe Manchin na jam'iyyar Democrat da Pat Toomey na Republican, su kansu an san su da kare 'yancin mallakar bindiga.

Duk da haka ƙudurin bai kai labari ba. Ƙuri'a 54 ya samu, alhali ƙa'idar majalisar na buƙatar 60. Shugaba Barack Obama ya bayyana ranar da cewa ta abin kunya ce ga Washington.

Wadda ta jagoranci adawa da ƙudurin ita ce ƙungiyar masu bindiga ta ƙasar, National Rifle Association, wadda aka fi sani da NRA. Sai dai wanda ya san ƙungiyar a shekaru ɗarinta na farko zai yi wuya ya gane ta a wannan rana, domin ba don siyasa aka kafa ta ba, kuma ta sha zama da gwamnati ana tsara dokokin taƙaita makamai.

Sojojin da ba su iya saiti ba

An kafa NRA ne a New York a shekarar 1871, shekaru shida bayan ƙarshen yaƙin basasar Amurka. Waɗanda suka kafa ta, William Church da George Wingate, tsofaffin hafsoshi ne na rundunar Arewa, kuma abin da ya dame su shi ne yadda suka ga sojojinsu na ɓarnar harsashi a fagen daga saboda rashin iya saiti. Sun kwaikwayi wata ƙungiya ce mai irin wannan suna da aka kafa a Birtaniya a 1859.

Gwamnatin jihar New York ce ta ba da kuɗin da aka sayi filin koyon harbi na farko a Creedmoor, kuma wani janar na yaƙin basasar, Ambrose Burnside, shi ne shugabanta na farko. Daga nan har tsawon shekaru masu yawa, aikinta bai wuce shirya gasar harbi da koyar da matasa riƙon bindiga da kula da harkar farauta ba. Gwamnatin tarayya ma ta riƙa sayar wa mambobinta rarar bindigogin soja da rahusa.

Gwaji na farko ya zo ne a farkon shekarun 1930, lokacin da gungun 'yan daba irin su Al Capone suka addabi birane da bindigogi masu sarrafa kansu. Gwamnatin Shugaba Franklin Roosevelt ta gabatar da dokar tarayya ta farko mai muhimmanci a kan makamai a 1934, wadda ta ɗora harajin dala 200 a kan irin waɗannan bindigogi, ta kuma wajabta yi musu rajista.

Shugaban NRA na lokacin, Karl Frederick, gwanin harbi ne da ya ci lambobin zinariya a wasannin Olympics na 1920. Da ya bayyana gaban kwamitin majalisa, ya ce shi bai taɓa yarda da a bar kowa na yawo da makami ba, kuma a ganinsa kamata ya yi a taƙaita hakan ƙwarai, sai da lasisi. Da aka tambaye shi ko dokar ta saɓa wa tsarin mulki, sai ya ce bai nazarci batun ta wannan fuska ba.

Wannan ba ya nufin ƙungiyar ta naɗe hannu. Ta sa mambobinta sun yi wa 'yan majalisa ruwan wasiƙu har aka cire ƙananan bindigogin hannu daga cikin dokar. Ke nan tun a lokacin ta san amfanin matsin lamba. Bambancin shi ne tana neman a sassauta doka ne, ba wai kada a yi doka sam ba.

Shekarun kashe-kashe

Bindigar da Lee Harvey Oswald ya kashe Shugaba John Kennedy da ita a 1963 ya saye ta ne ta gidan waya a kan kimanin dala 20, bayan ya ga tallarta a mujallar NRA mai suna American Rifleman. Shekaru biyar bayan haka aka harbe Martin Luther King a watan Afrilu, aka kuma harbe Sanata Robert Kennedy a watan Yuni.

Majalisa ta zartar da dokar taƙaita bindigogi ta 1968, wadda ta hana aika wa ɗaiɗaikun mutane bindiga ta gidan waya daga wata jiha zuwa wata, ta kuma hana sayar wa waɗanda aka taɓa samu da manyan laifuka. NRA ta yaƙi batun yi wa dukkan bindigogi rajista, kuma ta yi nasara a kan haka. Amma babban jami'inta, Franklin Orth, ya ce dokar a dunƙule abu ce da masu farauta da wasan harbi za su iya zama da ita.

Wannan magana ce ta ɓata wa wani ɓangare na mambobin rai, kuma ɓangaren sai ƙaruwa yake yi.

Dalili kuwa shi ne Amurka ta canza. Tsakanin farkon shekarun 1960 da tsakiyar shekarun 1970, yawan kisan kai ya ninka. An yi manyan tarzoma a Los Angeles da Detroit da Newark, waɗanda ke da nasaba da wariyar launin fata. Jama'a da dama sun shiga sayen ƙananan bindigogi, ba don zuwa daji ba, sai don ajiyewa kusa da gado. Irin waɗannan mutane ne suka riƙa shiga NRA, kuma ba su da wata sha'awa ga gasar harbi ko kare gandun daji.

Wani abu da ya faru a 1971 ya ƙara rura wutar. Jami'an tarayya masu kula da dokokin makamai sun kai samame gidan wani mamban ƙungiyar mai suna Kenyon Ballew a jihar Maryland, suka harbe shi a ka, ya nakasa har ƙarshen rayuwarsa. Ga masu ra'ayin riƙau a NRA, wannan shi ne abin da suke gudu: dokar da aka ce an yi don miyagu ta koma kan mutanen gari.

Don kwantar da hankalinsu, shugabannin suka buɗe wani sashe na musamman a 1975 domin kamun ƙafa a majalisa, suka kuma damƙa shi a hannun Harlon Carter, mutumin jihar Texas, tsohon shugaban rundunar tsaron iyakokin Amurka. Aƙidar Carter a taƙaice take: babu sulhu, babu wata sabuwar doka.

Daren Cincinnati

Tsofaffin shugabannin, ƙarƙashin Janar Maxwell Rich mai ritaya, sun ga cewa siyasa na neman ɓata wa ƙungiyar suna. Sai suka yanke shawarar sayar da hedkwatarta da ke Washington, su koma Colorado Springs, su kuma gina wata katafariyar cibiyar wasanni da shaƙatawa a jihar New Mexico. A ƙarshen 1976 suka sallami ma'aikata fiye da 70, akasarinsu mutanen Carter. Shi kuma ya ajiye aiki, ya koma gefe yana shiri.

A ranar 21 ga watan Mayun 1977 aka buɗe babban taron shekara-shekara na mambobi a birnin Cincinnati da ke jihar Ohio. Magoya bayan Carter, bisa jagorancin wani ɗan jarida mai rubutu a kan bindigogi, Neal Knox, sun shigo zauren sanye da hulunan farauta masu launin ruwan goro, riƙe da wayoyin oba-oba suna tsara yadda za a kaɗa ƙuri'a. Sun karanci kundin dokokin ƙungiyar fiye da waɗanda ke zaune a kan dandamali.

An kai kusan ƙarfe huɗu na asuba ana fafatawa. Kafin gari ya waye an sauke Rich da muƙarrabansa, an soke shirin ƙaura daga Washington, an sauya dokokin cikin gida ta yadda mambobi za su sami ƙarin iko wajen zaɓen shugabanni, an kuma naɗa Carter babban jami'in gudanarwa.

Juyin mulki ne, amma da ƙuri'a aka yi shi, kuma duk abin da NRA ta zama daga baya a wannan dare ya samo asali.

A 1981 jaridu suka bankaɗo cewa Carter, yana ɗan shekara 17, ya harbe wani yaro ɗan shekara 15 mai suna Ramón Casiano a garin Laredo a 1931. An same shi da laifin kisa, amma kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin. Labarin bai rage shi da komai ba a idon mambobi. Daga lokacin da ya karɓi ragama zuwa saukarsa a 1985, yawansu ya tashi daga kimanin miliyan ɗaya zuwa kusan miliyan uku.

A 1980, bayan shekara 109 da kafuwa, ƙungiyar ta goyi bayan ɗan takarar shugaban ƙasa a karon farko, wato Ronald Reagan. Shi ne kuwa gwamnan California da ya sa hannu a 1967 a kan dokar hana yawo da bindiga ɗauke da harsashi a bainar jama'a, bayan 'yan ƙungiyar baƙaƙen fata ta Black Panthers sun shiga majalisar jihar da makamai. A 1986 Reagan ya sa hannu a kan dokar da ta sassauta wasu sassa na dokar 1968, ta kuma haramta wa gwamnatin tarayya buɗe rajistar masu bindiga.

Yaƙi a kan jimla ɗaya

Babban aikin da mutanen Carter suka yi bai tsaya ga majalisa ba. Sun sauya yadda Amurkawa ke fahimtar tsarin mulkinsu.

Gyara na biyu da aka yi wa kundin tsarin mulkin Amurka a 1791 jimla ɗaya ce mai gaɓa biyu. Gaɓar farko na cewa ƙasa mai 'yanci na buƙatar dakarun sa-kai masu kyakkyawan tsari domin tsaronta. Ta biyu na cewa ba za a tauye haƙƙin jama'a na mallaka da ɗaukar makami ba.

Tsawon mafi yawan ƙarni na ashirin, kotunan tarayya sun ɗauka cewa gaɓar farko ce ke fayyace ta biyu, wato haƙƙin na da alaƙa ne da aikin dakarun jihohi. A haka aka fahimci hukuncin da Kotun Ƙoli ta yanke a 1939. NRA kuwa gaɓa ta biyu kaɗai ta manna a bangon hedkwatarta.

Daga ƙarshen shekarun 1970, lauyoyi da masana masu ra'ayin cewa haƙƙin na kowane mutum ne shi kaɗai suka shiga wallafa maƙaloli a mujallun shari'a, wasunsu da tallafin ƙungiyar. A 1982 wani ƙaramin kwamitin Majalisar Dattawa ƙarƙashin Sanata Orrin Hatch ya fitar da rahoton da ya goyi bayan wannan fassara. Sannu a hankali wasu fitattun malaman shari'a da ba su da alaƙa da NRA, har da masu sassaucin ra'ayi, suka ce hujjar na da ƙarfi.

Ba kowa ya yarda ba. Tsohon Alƙalin Alƙalai Warren Burger, wanda ɗan Republican ne ya naɗa shi, ya faɗa a wata hira ta talabijin a 1991 cewa wannan fassara na cikin manyan yaudarar da masu wata manufa suka taɓa yi wa Amurkawa.

Shekaru 17 bayan haka, a 2008, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci da rinjayen alƙalai biyar a kan huɗu cewa ɗan ƙasa na da haƙƙin ajiye bindiga a gidansa don kare kai, ta kuma soke dokar birnin Washington da ta hana mallakar ƙananan bindigogi. Wani abin lura shi ne ba NRA ce ta shigar da ƙarar ba. Wasu lauyoyi ne masu zaman kansu, kuma da farko ƙungiyar ta yi ƙoƙarin taka musu birki don tsoron kada a sha kaye. Amma shekaru talatin ɗin da ta yi tana sharar fage su ne suka sa hukuncin ya yiwu.

Kuɗi ne ko ƙuri'a?

Masu sukar NRA kan ce ta saye 'yan majalisa ne da kuɗi. Maganar ba ta rasa ƙamshin gaskiya, domin a zaɓen 2016 ta kashe fiye da dala miliyan 30 wajen taya Donald Trump yaƙin neman zaɓe. To amma abin da ta saba kashewa a shekara wajen kamun ƙafa kai tsaye a Washington bai cika wuce dala miliyan uku zuwa biyar ba. Kamfanonin magunguna da na mai na kashe ninkin-ba-ninkin wannan, kuma babu ɗan majalisar da ke rawar jiki da jin sunansu kamar yadda aka yi da NRA.

Ainihin makaminta shi ne maki. Kafin kowane zaɓe takan duba yadda ɗan takara ya kaɗa ƙuri'a a baya, ta aika masa da tambayoyi, sannan ta ba shi maki kamar ɗan makaranta, daga A zuwa F. Sai ta aika wa mambobinta na mazaɓar da sakamakon. Da yawansu ba sa tambayar matsayin ɗan takara a kan haraji ko kiwon lafiya. Wannan harafi ɗaya ya ishe su.

Hausawa kan ce sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi, amma a wannan batu yawan da ba ya motsi bai tsinana komai ba. Mutumin da ya gaya wa mai jin ra'ayi cewa yana son a tsaurara doka, ranar zaɓe yakan tuna da farashin kaya da aikin yi. Wanda ke tsoron a ƙwace masa bindiga kuwa yakan buga waya ofishin ɗan majalisa, ya halarci taro, ya ba da gudummawa, ya kuma fito zaɓen fid da gwani, inda mutane ƙalilan ke yanke hukunci. Wani bincike da cibiyar Pew ta yi a 2017 ya gano cewa kashi 21 cikin ɗari na masu bindiga sun taɓa tuntuɓar wani jami'i a kan batun, idan aka kwatanta da kashi 12 na waɗanda ba su da ita.

Kuma ƙungiyar ba ta yafiya ko ga nata. Debra Maggart na cikin shugabannin 'yan Republican a majalisar jihar Tennessee, kuma ta daɗe da maki mafi girma. A 2012 ta ƙi goyon bayan wani ƙuduri guda da zai ba ma'aikata damar ajiye bindiga a cikin mota a harabar wurin aiki. NRA ta kafa allunan talla da hotonta kusa da na Obama, ta mara wa abokiyar hamayyarta baya, ta kuwa faɗi a zaɓen fid da gwani. A wannan shekarar ma Sanata Richard Lugar na Indiana, wanda ƙungiyar ta ba maki F, ya rasa tikitin jam'iyyarsa bayan shekara 36 a majalisa.

Tsarin Majalisar Dattawa ma ya taimaka. Kowace jiha na da sanatoci biyu, don haka Wyoming mai mutane ƙasa da dubu 600 na da murya daidai da California mai kusan miliyan 39, kuma a jihohin karkara masu ƙarancin jama'a ne aka fi riƙon bindiga.

Akwai kuma wani tushe da masu suka kan manta da shi. NRA ba ta daina aikinta na asali ba. Malaman da ta horar ne ke koyar da riƙon bindiga a filayen harbi na ƙananan garuruwa, kuma Ba'amurke da yawa a nan ya fara saninta tun yana yaro, tare da mahaifinsa, tun kafin ya san me ake kira siyasa.

Dangane da kamfanonin ƙera makamai, gaskiya ne suna ba ta kuɗi ta hanyar gudummawa da tallace-tallace. Amma wa ke juya wani? A shekarar 2000 kamfanin Smith & Wesson ya cim ma yarjejeniya da gwamnatin Bill Clinton a kan ƙara matakan kariya a bindigoginsa. NRA ta yi tir da shi, masu saye suka ƙaurace masa, ciniki ya faɗi, kuma a shekarar da ta biyo baya aka sayar da kamfanin da arha. Sauran kamfanonin sun ɗauki darasi.

Darasin 1994

A 1993 Clinton ya sa hannu a kan dokar Brady, mai ɗauke da sunan kakakin Reagan da aka raunata a harin da aka kai wa shugaban a 1981. Dokar ta wajabta binciken mai saye a shagunan da ke da lasisi. A 1994 aka haramta wasu nau'o'in bindigogi masu kama da na soja na tsawon shekara goma. Reagan, da ya riga ya bar mulki, ya goyi bayan matakan biyu.

A zaɓen watan Nuwamban wannan shekara 'yan Democrat suka rasa kujeru 54 da rinjayen da suka riƙe na shekara 40 a Majalisar Wakilai. Har kakakin majalisar, Tom Foley, bai tsira ba. Clinton da kansa ya ce NRA ce ta jawo.

Masana siyasa da dama na ganin an zuzuta abin. Jam'iyyar da ke riƙe da fadar White House ta saba asarar kujeru a zaɓen tsakiyar wa'adi, kuma shirin Clinton na inshorar lafiya ya riga ya rushe. Sai dai a siyasa abin da aka yi imani da shi kan yi aiki kamar gaskiya. Da Al Gore ya faɗi a jiharsa ta Tennessee a 2000, shekarar da shugaban NRA, tauraron fina-finai Charlton Heston, ya ɗaga bindiga sama a gaban taro ya ce sai dai a ɓamɓare ta daga hannun gawarsa, 'yan Democrat da yawa sun yanke shawarar yin gum da bakinsu a kan batun.

Ba a rasa tuntuɓe ba. A 1995 wata wasiƙar neman kuɗi da Wayne LaPierre, wanda ya zama babban jami'in ƙungiyar a 1991, ya sa wa hannu ta kwatanta jami'an tarayya da 'yan daba masu takalman soja. Bayan harin bam na Oklahoma da ya kashe mutum 168, tsohon shugaban ƙasa George Bush babba ya fice daga ƙungiyar a fusace.

Amma nasarori sun ci gaba. A 1996 majalisa ta hana hukumar yaƙi da cututtuka ta ƙasar amfani da kuɗinta wajen abin da zai ƙarfafa taƙaita bindiga, abin da ya daƙile bincike a fannin har sama da shekara ashirin. A 2004 haramcin bindigogi masu kama da na soja ya ƙare ba a sabunta shi ba. A 2005 aka yi dokar da ta kare masu ƙera bindiga da dillalai daga mafi yawan ƙararrakin waɗanda aka cutar.

A tsawon wannan lokaci NRA ta riƙa komawa ɓangare guda. A da akwai 'yan Democrat masu yawa a cikinta, irin su John Dingell na Michigan da ya zauna a kwamitin gudanarwarta. Zuwa ƙarshen shekarun 2010 da wuya a sami ɗan Democrat a majalisar tarayya mai maki A.

Abin da ya shafi Afirka

Tasirin ƙungiyar bai tsaya a cikin Amurka ba. A ƙarshen shekarar 2000 ministocin ƙasashen Afirka suka haɗu a Bamako suka tsayar da matsaya guda a kan bazuwar ƙananan makamai, a daidai lokacin da yaƙe-yaƙen Laberiya da Saliyo ke cin rayuka. Da wannan matsaya suka tafi taron Majalisar Ɗinkin Duniya na watan Yulin 2001 a New York, suna neman a hana sayar wa ƙungiyoyin da ba gwamnati ba makamai.

Wakilin Amurka, John Bolton, ya ce ƙasarsa ba za ta amince da wannan ba, kuma ba za ta amince da duk wani abu da ya taɓa mallakar makamai a hannun farar hula ba. Ɗan majalisa Bob Barr, mamba a kwamitin gudanarwar NRA, ya halarci taron tare da tawagar Amurka. A ƙarshe ƙasashen Afirka suka haƙura aka cire batutuwan biyu don kada taron ya watse.

A 2013 aka amince da yarjejeniyar cinikin makamai ta duniya, kuma Najeriya ce ƙasar Afirka ta farko da ta tabbatar da ita. Gwamnatin Obama ta sa hannu, amma Majalisar Dattawa ba ta taɓa amincewa ba. Yarjejeniyar ta shafi ciniki ne tsakanin ƙasashe, ba abin da mutum ya ajiye a gidansa ba, amma NRA ta dage cewa barazana ce ga gyara na biyu. A watan Afrilun 2019, a kan dandamalin taron ƙungiyar a Indianapolis, Shugaba Trump ya sanar da janye hannun Amurka.

Ɓaraka daga cikin gida

A wannan taron na Indianapolis ne rikicin cikin gida ya fito fili, inda shugaban ƙungiyar Oliver North da LaPierre suka zargi juna, North ya sauka. Takardun da suka fita sun nuna maƙudan kuɗin da aka kashe a kan tufafin alfarma da jiragen haya da tafiye-tafiyen LaPierre. Shekara guda kafin nan, bayan kisan mutum 17 a wata makarantar sakandare a Parkland da ke Florida, kamfanoni irin su Delta da United sun riga sun yanke hulɗa da ita.

A 2020 babbar lauyar gwamnatin jihar New York, Letitia James, ta kai ƙungiyar kotu. NRA ta nemi mafaka a wata kotun Texas da sunan karayar arziki, alƙali ya yi watsi da buƙatar a 2021. LaPierre ya yi murabus a watan Janairun 2024, kuma a watan Fabrairu masu taya alƙali yanke hukunci suka same shi da laifin jawo wa ƙungiyar asarar dala miliyan 5.4. Mambobin da ta riƙa cewa sun kai miliyan biyar sun ragu, kuɗin shiga ma haka.

A watan Yunin 2022, bayan kisan yara 19 da malamai biyu a Uvalde da ke Texas, sanatocin Republican 15 suka bijire mata, suka taimaka aka zartar da dokar tarayya mafi muhimmanci a kan bindiga cikin kusan shekara 30. Dokar ta tsaurara binciken masu saye 'yan ƙasa da shekara 21, amma ba ta haramta ko da nau'in bindiga ɗaya ba.

A cikin makon ne kuma Kotun Ƙoli, a wata ƙara da reshen NRA na jihar New York ya shigar, ta yanke hukunci da rinjayen shida a kan uku cewa haƙƙin ɗaukar bindiga bai tsaya a ƙofar gida ba, har kan titi ya kai. Uku daga cikin alƙalan shida Trump ne ya naɗa su. Zuwa 2024, jihohi 29 daga cikin 50 sun ba manya damar ɗaukar ɓoyayyiyar bindiga ba tare da lasisi ba. Wani ƙiyasi na cibiyar Small Arms Survey ya ce a 2017 akwai bindigogi miliyan 393 a hannun farar hula a Amurka, fiye da yawan mutanen ƙasar, kuma a 2021 mutum 48,830 ne suka mutu ta hanyar harbi, fiye da rabinsu kashe kansu suka yi.

Giɓin da NRA ta bari ba masu neman taƙaita makamai kaɗai ke cike shi ba, duk da cewa ƙungiyoyi irin su Everytown, mai samun kuɗi daga attajiri Michael Bloomberg, sun yi ƙarfi. A 2023 ƙungiyar kamfanonin ƙera bindiga ta NSSF ta zarce NRA wajen kashe kuɗin kamun ƙafa a Washington. Akwai kuma ƙungiyoyi irin su Gun Owners of America da ke zargin NRA da saurin sulhu, zargin da Carter da Knox suka yi wa shugabanninsu a Cincinnati.

An ga misalin haka bayan harin Las Vegas na 2017, inda maharin ya yi amfani da wata na'ura da ke sa bindiga aman harsashi kamar mai sarrafa kanta. NRA ta ce ya dace hukuma ta ƙara sa ido a kan na'urar, gwamnatin Trump kuma ta haramta ta. Gun Owners of America da wasu masu ra'ayin riƙau suka garzaya kotu, kuma a watan Yunin 2024, a ƙarar da wani mai shagon bindiga na Texas ya shigar, Kotun Ƙoli ta soke haramcin.